Sharhi kan rangadin yini guda a filin yaƙin Waterloo, bisa sawun Dakarun Fadan Napoliyon

Wani ƙaramin kamfanin yawon buɗe ido da ke Burusel, babban birnin Beljiyam, yana da rangadi na yini guda da ya keɓe ga abu ɗaya tak: rawar da Dakarun Fadan Napoliyon, waɗanda Faransawa ke kira Garde impériale, suka taka a yaƙin Waterloo ranar 18 ga Yunin 1815. Na bi shi daga farko har ƙarshe, kuma a ganina kuɗinsa bai tafi a banza ba ga wanda yake son sanin amfanin rundunar ko-ta-kwana a yaƙin wancan zamani, da abin da ke faruwa idan aka ɓarnatar da ita kafin lokacinta. Wanda hoto kawai yake so a gindin mutum-mutumin zakin da ke kan tudun tunawa da yaƙin, tikitin gidan tarihi ya ishe shi.

Filin yana da nisan kusan kilomita 20 kudu da Burusel, kuma ya fi kusa da garin Braine-l'Alleud a kan garin Waterloo kansa. Ƙaramar mota ce take kai mutane har ƙarshen kudancin filin, daga nan mafi yawan tafiyar a ƙafa ake yin ta, daga kudu zuwa arewa. Wannan tsari shi ne babban abin yabo a rangadin. Yawancin baƙi daga tudun zaki suke farawa, wato daga inda Wellington, kwamandan sojojin Birtaniya da ƙawayenta, ya ja dagarsa, sai su riƙa kallon Faransawa a matsayin masu tahowa daga nesa. A nan kuwa mutum yana tsaye ne inda Napoliyon ya tsaya, yana ganin abin da ya gani, abin da tudu ya ɓoye masa shi ma ya ɓoye maka.

Zangon farko shi ne Le Caillou, gidan gonar da Napoliyon ya kwana a daren 17 ga Yuni ana tafka ruwan sama, kimanin kilomita huɗu kudu da tudun zaki. A lambun gidan ne bataliya ta farko ta rajimanti na farko na Chasseurs, wani rukunin sojan ƙasa na Dakarun Fada, ta kwana tana gadi, kuma a nan aka bar ta ranar yaƙin tana tsaron kayan sarki. A nan jagoran yake gabatar da rundunar, amma a gurguje, kuma wannan shi ne rauni na farko da na gani. Wanda bai san yadda aka yi amfani da rundunar a shekara goma da suka gabata ba, ba zai gane inda aka kauce hanya a Waterloo ba.

Asalinta rundunar gadin shugabannin Faransa ce da ta yi suna a Marengo a 1800. Da Napoliyon ya naɗa kansa sarki a 1804 ba ta wuce mutum dubu goma ba, amma zuwa 1814 ta haura 100,000 a takarda. Runduna ce cikakkiya, da sojan ƙasa, da mahaya, da igwa, da magina gada, har da mahayan Mamluk da aka taho da su daga Masar. Tsofaffin dakarun daga sauran rajimantoci ake tsamo su, waɗanda suka yi kimanin shekara goma suna aiki, suka ga yaƙe-yaƙe, suka kuma kai tsayin da aka ƙayyade, kusan santimita 178 ga rukunin sojan ƙasa da ake kira Grenadiers. Albashinsu ya ninka na sojan gama-gari fiye da sau biyu, kuma kowane muƙami a cikinsu ana lissafa shi da mataki ɗaya sama da irinsa a waje. Daga 1809 aka ƙara Matasan Dakaru, zaɓaɓɓu daga sababbin ɗauka, aka ɗora musu hafsoshi da saje-saje daga tsofaffin. Tsarin yana da tsadarsa. Duk gogaggen da aka cire daga bataliyar gama-gari, kofur ne ko saje aka raba ta da shi. Sai dai rundunar takan biya bashin, domin bayan asarar da aka yi a Rasha a 1812, da mutanenta aka samu hafsoshin da suka riƙe sababbin bataliyoyin 1813.

Yadda ake amfani da ita yana da ƙa'ida, kuma makamin zamanin ne ya haifar da ƙa'idar. Bindigar sojan ƙasa ta baki ake ɗura ta, harbi biyu zuwa uku take yi a minti, kuma da wuya ta sami abin da ya wuce mita ɗari. Saboda haka sai an matso dab da juna ake yaƙi, kuma bataliyar da ta yi awa biyu ko uku a cikin wuta ta gama aiki a wannan rana: hafsoshi sun faɗi, bindigogi sun toshe da daɗɗalar albarushi, mutane sun galabaita. Wanda ya rage da sababbin dakaru a hannu sa'ad da abokin gabarsa ya zuba nasa duka, shi ke da ranar. Napoliyon yakan bar sauran rundunoni su gajiyar da abokan gaba, ya tara igwa wuri guda ta huda sahu, sannan ya saki Dakarun Fada tare da mahaya a bayansu. Sau da yawa ma ba ya sakin sojan ƙasansu ko kaɗan. A Austerlitz a 1805 mahayansu ne ƙarƙashin Bessières da Rapp suka kora mahayan fadar Rasha daga tudun Pratzen. A Eylau a 1807, bayan rundunar Augereau ta tarwatse cikin guguwar ƙanƙara, mahayansu suka bi bayan Murat, bataliya ɗaya ta Grenadiers kuma ta mayar da Rashawan da suka kusa isa inda sarkin yake tsaye. A Wagram a 1809 igwarsu ce ƙashin bayan jerin igwa sama da ɗari da Lauriston ya jagoranta. A Borodino kuwa, ranar 7 ga Satumban 1812, manyan hafsoshinsa suka roƙe shi ya sake su, ya ƙi. Har yau ana gardama a kan wannan, amma dalilinsa a fili yake: yana can cikin ƙasar Rasha, rundunar ita ce irin shukar da ya rage a rumbu, kuma bayan wata biyu ita ce ta riƙe hanya a Krasnoi da ake janyewa. Daga 1813 zuwa 1814 lamarin ya sauya, domin sauran sojojin yara ne sababbin ɗauka. A Lützen da Hanau da Montmirail, Dakarun Fada sun koma masu ɗaukar nauyin yaƙin da kansu.

Zango na biyu, tsakanin Rossomme da La Belle Alliance a gefen babbar hanyar Burusel zuwa Charleroi, shi ne inda jagoran ya nuna ya san aikinsa. Ya raba wa kowa taswira mai ɗauke da bataliyoyin ƙasa 22 da rundunar take da su da safiyar ranar, 14 na tsofaffi da matsakaita, 8 na matasa, ya ce a riƙa soke kowace da biro idan ta bar hannun sarki. Dabara ce mai sauƙi, amma ta fi dogon jawabi amfani. Ya kuma faɗi wani abu da ba kowa ke faɗa ba: Mashal Mortier, wanda ya kamata ya jagoranci rundunar, ciwon jijiyar ƙafa ya kwantar da shi tun kafin a tsallaka iyakar Faransa, nauyin ya faɗa kan Janar Drouot.

Daga wannan wuri ake fara fahimtar ɓarnar farko. Wajen ƙarfe 4 na yamma Mashal Ney ya tura mahaya masu sulke su hau tudun Wellington, sai mahayan Dakarun Fada na Lefebvre-Desnouettes suka bi su. Bayan kamar awa guda manyan mahayan fada na Guyot su ma suka shiga. Sojojin Wellington suka tsaya a sahu mai kusurwa huɗu, banati a waje ta kowane gefe, doki kuwa ba ya faɗa wa irin wannan sahu. Aka yi ta hawa ana gangarowa ba tare da isassun sojan ƙasa da za su fasa sahun ba. Kafin ƙarfe 6 sarkin ba shi da sauran mahayan ajiya masu ƙarfi a jika.

Plancenoit, ƙauyen da ke ɗan gabas da La Belle Alliance, nisan da bai kai rabin awa a ƙafa ba, shi ne zuciyar rangadin, kuma an ba shi lokacin da ya dace da shi. Ƙauyen a cikin kwari yake, a bayan hannun daman Faransawa. Idan ka tsaya a dandalin coci ka juya yamma za ka ga babbar hanyar da Faransawa suka biyo ba ta da nisa, kuma ita kaɗai ce babbar hanyarsu ta komawa. Rundunar Purushiya ta Bülow ta fito daga daji wajen ƙarfe 4:30, ta tura rundunar Lobau ta Faransa baya, ta shiga ƙauyen. Napoliyon ya aika da Matasan Dakaru duka, bataliya takwas, kimanin mutum 4,000 ƙarƙashin Janar Duhesme. Suka ƙwace ƙauyen, aka sake ƙwace shi daga hannunsu. Sai ya aika da bataliya biyu na tsofaffi, ɗaya ta Grenadiers ɗaya ta Chasseurs da Janar Pelet ya jagoranta, mutum dubu da 'yan kai, da umarnin su yi aiki da banati. Suka share ƙauyen cikin ɗan lokaci duk da cewa Purushiyawa sun ninka su sau da yawa. A ganina nan ne rundunar ta nuna ainihin ƙarfinta a wannan rana, ba a kan tudu ba. Lungunan ƙauyen matsattsu ne, katangar maƙabartar coci kuma ta zama ganuwa, ƙaramar runduna mai horo tana iya toshe babbar runduna a irin wannan wuri. Cocin da ke tsaye yanzu ba shi ne na 1815 ba, an sake gina shi a shekarun 1850, kuma jagoran ya faɗi haka. Duhesme ya samu rauni a nan, ya rasu a Genappe bayan kwana biyu.

Ana barin ƙauyen an soke bataliya goma daga taswira. Ɗaya tana Le Caillou. Biyu na rajimanti na farko na Grenadiers an ajiye su a baya, su ne garkuwar ƙarshe. Saura tara. Abin da ya fi ciwo shi ne, a daidai wannan lokaci gidan gonar La Haye Sainte, wanda ke tsakiyar dagar Wellington, ya faɗa hannun Faransawa bayan harsashin mutanen Manjo Baring da ke tsaronsa ya ƙare. Ney ya matso da igwa, tsakiyar sahun tana rawa, ya aika a ƙaro masa sojan ƙasa. Napoliyon ya hana, domin hankalinsa yana Plancenoit. Kusan awa guda ta wuce kafin ya saki abin da ya rage, kuma a cikin wannan awa Wellington ya janyo dakaru daga gefe ya cike giɓin.

Daga La Belle Alliance ake bin hanyar gona da ta karkata arewa maso yamma, tsakanin La Haye Sainte da Hougoumont, zuwa tudun. Nisan ya ɗan haura kilomita ɗaya, tafiyar kamar minti 20. Ana fara gangarawa kwari, sannan a hau. Hawan ba shi da tsanani, amma ƙasar yumɓu ce mai kama takalmi, kuma ranar yaƙin dubban dawakai sun riga sun dama ta. Da ka kai ƙasan kwarin sai ka lura ba ka ganin komai a bayan ƙirjin tudun. A nan dabarar Wellington take, ya kwantar da mutanensa a bayan tudu inda igwa ba ta ganinsu.

Wajen ƙarfe 7:30 bataliya biyar suka hau, kimanin mutum 3,000, Ney a gaba. Duk daga rajimanti na uku da na huɗu suke, waɗanda sojoji ke kira matsakaita. An haɗa waɗannan rajimantoci ne cikin gaggawa bayan dawowar Napoliyon daga tsibirin Elba inda aka kore shi, har kayan jikinsu ba iri ɗaya ba ne, wasu da doguwar hular fatar dabba, wasu da hular gama-gari, a cikin shuɗin kwat. Bataliya ɗaya ta tsaya daga hagu, uku na tsofaffi suka biyo a sahu na biyu, ba su kai tudun ba. Bisa shaidar Janar Petit, kwamandan rajimanti na farko na Grenadiers, a sahu mai kusurwa huɗu suka tafi, da igwa bibbiyu a tsakaninsu. Dalilin a bayyane yake: da rana sun ga yadda mahayan Birtaniya suka tattake rundunar d'Erlon ta Faransa, kuma ba su da nasu mahayan da za su kare su. Illar wannan sahu ita ce kashi ɗaya cikin huɗu na bindigogi ne kawai ke fuskantar gaba. Bataliya mai mutum 600 ba ta da fiye da kimanin 150 masu iya harbin wanda ke gabanta.

Ga wata matsalar kuma. Ba su isa tare ba, kowace ta bugi wurinta a lokacinta. Biyu na dama, Grenadiers, sun tura birged ɗin Colin Halkett na Birtaniya baya, sai Janar Chassé na Holan ya kawo igwar Krahmer ta buɗe musu wuta daga kusa, birged ɗin Detmers na Holan da Beljiyam ya faɗa musu da banati. Biyu na tsakiya, Chasseurs, suka hau inda dakarun gadin Birtaniya na Maitland ke kwance a cikin hatsi, sahu huɗu. Suka miƙe a tazarar da ba ta wuce taki hamsin ba, suka yi harbi tare. Janar Michel ya faɗi a wannan hari, Friant ya samu rauni. Ta ƙarshen ta iso ta ɗan mayar da mutanen Maitland, sai Kanar Colborne ya juya rajimanti na 52 ya fuskanci haƙarƙarinta ya zuba mata wuta. Duka abin bai fi rabin awa ba. Ana cikin haka rundunar Zieten ta Purushiya ta ɓullo ta arewa maso gabas, bayan an baza wa sojojin Faransa labarin cewa mashal ɗinsu Grouchy ne ya iso da taimako. Da suka ga ƙarya ce, suka kuma ga Dakarun Fada na gangarowa, sai sahu ya watse gaba ɗaya. Runduna da aka gina kwarjininta a kan cewa ba ta ja da baya, ranar da aka ga ta ja, tsoron da take bai wa abokan gaba sai ya koma kan nata mutanen.

Jagoran ya yi adalci wajen ba wa mutanen Chassé haƙƙinsu, abin da labaran Ingilishi suka daɗe suna tsallakewa. Ya kuma kawo kwatancin da ya dace: kwana biyu kafin nan, a Ligny, wannan rundunar ce ta fasa tsakiyar dagar Blücher, kwamandan Purushiya, da yamma, amma bayan an yi awa kusan biyar ana gajiyar da Purushiyawa, igwarta ta share hanya, mahayan Milhaud kuma suna biye da ita. A Waterloo babu ko ɗaya daga cikin waɗannan da ya cika.

Inda ya ba ni haushi shi ne a gindin abin tunawar gaggafa mai rauni, wadda aka kafa a 1904 ɗan kudu da La Belle Alliance don tunawa da sahun ƙarshe. A nan ya kawo maganar da ake jingina wa Janar Cambronne, cewa Dakarun Fada mutuwa suke yi ba sa miƙa wuya, kamar tabbataccen zance. Cambronne dai an kama shi da rauni a wannan maraice, ya rayu har 1842, kuma ya musanta cewa ya faɗi hakan. Abin da tsofaffin bataliyoyin suka yi a gaskiya ya ishi abin faɗa: sun ja da baya a hankali cikin sahu, suna tsayawa suna harbi, mutanen Petit suka ba wa sarkin mafaka, na Pelet suka fito daga Plancenoit da tutarsu. Aikin rundunar ko-ta-kwana ke nan idan rana ta ɓaci, kuma sun yi shi.

Ana rufe rangadin a tudun zaki, mai matakala 226 da tsayin kusan mita 40. Sarkin Holan ne ya sa aka tara shi a shekarun 1820, a wurin da aka raunata ɗansa. Ƙasar da aka tara shi da ita, kimanin kubik mita 300,000, daga ƙirjin tudun aka kwashe ta, wato daga yankin da harin ƙarshe ya ƙare. Saboda haka gangaren da ake gani yau ya fi na 1815 kwanciya. Wanda yake son ganin asalin tsayin ƙasar ya je wurin abin tunawar Gordon kusa da mararraba, wanda aka bari a kan tsohon matakinsa, ya duba tazarar da ke tsakaninsa da gonar da ke gefe. Jagoran bai kai mu nan ba sai da aka nema, alhali ya kamata ya zama zango na dole. Zanen da'ira na 1912 da ke gindin tudun, mai kewayen mita 110 da tsayin mita 12, harin mahayan Ney yake nunawa, kuma yana taimakawa wajen ganin cunkoson da ido ba zai iya kwatantawa a gonar da babu kowa ba.

Akwai batun agogo da ba a ambata ba. Lokutan da ake faɗa na rana ne na 1815, agogon Beljiyam na bazara a yau kuma yana gaba da su da kusan awa ɗaya da minti 40. Harin ƙarfe 7:30 ya yi daidai da tara da 'yan mintoci na yanzu, rana ta yi ƙasa ta yamma. Rangadin yana ƙarewa da la'asar, don haka mai son ganin filin cikin hasken da aka yi harin sai ya tsaya da kansa ya koma ta jirgin ƙasa daga Braine-l'Alleud.

A zo da takalmi mai kauri wanda ba a jin asararsa, da rigar ruwa, domin iska da yayyafi ba sa sallama a wannan fili. Gonakin na mutane ne kuma ana noma su, ba a sauka daga hanya. La Haye Sainte gidan mutane ne, daga waje ake kallonsa. Babbar hanyar da ta ratsa filin motoci na gudu sosai a kanta, kuma ana tsallaka ta fiye da sau ɗaya. Tsakanin Le Caillou da tudun zaki wuraren cin abinci kaɗan ne, kada a dogara da samun na halal, a riƙo guzuri da ruwa da ɗan abin shimfiɗa na salla. Ana yin rangadin da Faransanci ko Ingilishi, a zaɓa tun wajen yin rajista, kuma mai jin Faransanci zai fi morewa, domin yawancin allunan tunawa da Dakarun Fada da shi aka rubuta su. Watan Yuni ya fi dacewa saboda amfanin gona ya tashi, kamar yadda hatsi ya ɓoye mutane a 1815, amma a kauce wa ƙarshen makon da ya fi kusa da 18 ga wata, lokacin da masu kwaikwayon yaƙin ke cika filin ana rufe wasu hanyoyi.